Wayarin: Aikin Da Muke Binnewa A Bango Mu Manta Da Shi

Duk wanda ya taɓa gina gida a ƙasar nan ya san gaɓar da aljihu ke ramewa. An sayi fili, an yi tushe, an ɗora bulo har linta, an yi rufi. Siminti da rodi da kwano sun lashe abin da aka tara. To a daidai wannan lokacin ne ake kiran mai wayarin. Ya zo ya zagaya ɗakuna, ya rubuta lissafinsa, maigida ya duba takardar ya yi tsaki: "Duk wannan kuɗin a kan waya kawai?" Sai a shiga ragi. A rage kaurin waya, a rage yawan soket, a soke wayar ƙasa ɗungurungum. Bayan wata biyu kuma maigidan nan ne zai sayo tayil mai tsada, ya sa silin mai ado, domin su ne baƙo zai gani. Waya kuwa an tura ta cikin bututu, an shafe da filasta, an bi da fenti.

Idan wuta ta yi ɓarna mun saba cewa NEPA ce, duk da cewa hukumar da aka kafa a 1972 ta koma PHCN tun 2005, kuma a Nuwamban 2013 aka miƙa rarraba wuta ga kamfanoni masu zaman kansu, irin su KEDCO mai kula da Kano da Katsina da Jigawa, da na Kaduna mai riƙe da Kaduna da Sakkwato da Kabbi da Zamfara. Suna da nasu alhakin, kuma ba ƙarami ba ne. Amma iyakar kayansu mita ce. Daga mita zuwa ƙwan da ke banɗaki, duk abin da ke tsakani na maigida ne. Shi ya saya, shi ya zaɓi wanda ya ɗaura, kuma iyalinsa ne ke kwana a ƙarƙashinsa.

Ba a manta da gobarar kasuwar Sabon Gari ta Kano ba, wadda ta cinye dubban shaguna a watan Maris na 2016. Babbar kasuwar Sakkwato ta ƙone a Janairun 2021, ta Katsina ta biyo baya a watan Maris na shekarar. Waɗannan manyan ke nan da jaridu suka ɗauka. Ƙananan, na ɗaki ɗaya ko shago biyu, ba a rasa su a kowane hunturu, kuma bayanin da aka fi ji daga bakin jami'an kashe gobara shi ne matsalar wutar lantarki. Sai a yi jaje, a ce tsautsayi ba ya wuce ranarsa, a sake gini, a sake kiran mai wayarin mafi araha. Yarda da ƙaddara wajibi ne a kanmu, amma ba ta hana mutum ya tambayi kaurin wayar da aka sa masa a gida ba.

Lissafin da ya kamata kowane maigida ya iya

Wutar da ke shigowa gidajenmu ƙarfinta bolt 230 ne a ƙa'ida, ko da yake mai zama a ƙarshen layi ya san sau da yawa ba ta kaiwa haka. Kowane kayan wuta kuma yana da adadin wat da yake ci, a rubuce a bayansa ko a ƙarƙashinsa. Ka raba wat da bolt, abin da ya fito shi ne amfiya, wato yawan wutar da za ta ratsa wayar. Fankar silin mai wat 70 ba ta jan ko sulusin amfiya ɗaya. Dutsen guga mai wat 1,200 yana jan biyar da 'yan kai. Rishon lantarki mai wat 2,000 yana jan kusan tara. Soket mai huji uku da muke amfani da shi, wanda muka gada daga tsarin Ingila, iyakarsa amfiya 13, wato kimanin wat 3,000. Ashe ke nan uwargidan da ta haɗa risho da dutsen guga a kan istenshan ɗaya ta riga ta wuce iyaka, tun ba a zo maganar firjin da ke jone a gefe ba.

Duk wayar da wuta ke bi sai ta yi ɗumi, kuma ɗumin ba ya tafiya kafaɗa da kafaɗa da lodi. Idan amfiya ta ninka biyu, zafin ninkawa huɗu yake yi. Idan ta ninka uku, ya ninka tara. Robar da ke lulluɓe da wayar gida an yi ta ne don ta jure zafin da bai wuce digiri 70 ba. Da zarar ana ƙetare wannan iyaka kullum, sai robar ta fara bushewa, ta yi tauri, ta tsattsage. Kamar igiyar rijiya ce: ba ranar da aka fara ɗora mata nauyi take tsinkewa ba, a hankali take cinyewa. Shi ya sa amsar nan ta "ai shekara goma muna haka ba abin da ya faru" ba ta kwantar mini da hankali. Shekara goman nan ita ce ta ci robar.

Masu sana'a suna kiran waya da lamba, lambar kuma faɗin bakin jan ƙarfen da ke ciki ce da murabba'in milimita. Mai lamba 1.5 ta fitilu ce da fanka. Mai 2.5 ta soket ce. Na'urar sanyaya ɗaki da hitar ruwan wanka kowace na son layinta na kanta, galibi da waya mai lamba 4, babban murhun girki na lantarki kuma mai 6. Wayar da ke ɗauko wuta daga mita zuwa akwatin rarraba layi ita ce uwa, ana sa mai 10 ko 16. Mai 2.5 ta ƙwarai, idan tana cikin bututu a bango, tana ɗaukar kimanin amfiya 24.

Sai dai a nan akwai abin da mu 'yan Arewa ya kamata mu fi kowa lura da shi. Waɗannan alƙaluma an tsara su ne bisa zafin wuri na digiri 30. A Sakkwato ko Maiduguri ko Nguru, a watan Afrilu, zafi na haura 40 a inuwa, balle a cikin silin a ƙarƙashin kwano da tsakar rana. A digiri 45, abin da waya ke iya ɗauka yana raguwa da kusan kashi ɗaya cikin biyar, mai 24 ta dawo 19. Kuma a daidai wannan watan ne kowace fanka da firji da na'urar sanyi ke aiki ba hutu. Ga shi gidaje da yawa an yi musu wayarin ne tun zamanin da kayan wutar gida ba su wuce ƙwai shida da fanka biyu da talabijin ba. Yau an ƙaro firiza, an ƙaro injin jan ruwa na burtsatse, an mayar da zaure shagon sayar da ƙanƙara, wayar kuwa tana nan yadda take.

"Ta kamfani ko mai sauƙi?"

Wannan ita ce tambayar da ke tarar mai saye a shagon kayan wuta. Nadi biyu ne a kan kanta, launi ɗaya, lamba ɗaya a jikin takarda, amma kuɗinsu ya yi hannun riga. Idan ka fere bakin kowace ka ɗora su gefe da gefe, za ka ga ta farkon jan ƙarfenta cike yake, ta biyun kuwa siriri ne, an ƙara wa robar kauri don ta cika ido. Wata ma ko jan ƙarfen ba ce. Ka kankare ta da wuƙa, sai jan ya tafi, fari ya bayyana: alminiyam ne aka shafa wa jan ƙarfe a sama. Alminiyam kuwa abin da yake iya wucewa da shi na wuta kimanin kashi 60 cikin 100 ne na jan ƙarfe mai kauri ɗaya da shi, ga saurin karyewa, ga saki a bakin noti. Ka kara masa wutar ashana ko laita, sai ya lanƙwashe ya zube.

Akwai gwajin da ya fi wannan sauƙi, wato sikeli. Nadin waya mai lamba 2.5 mai tsawon mita 100, jan ƙarfen cikinsa kaɗai ya haura kilo biyu, kafin a ƙara nauyin roba. Mai 1.5 kuma ya haura kilo ɗaya da kwata. Duk nadin da bai kai haka ba, ko dai an rage kauri, ko an rage tsawo, ko an yi algus a ƙarfen.

Abin takaicin shi ne wayar kirki ba ta yi mana nisa ba. Wayar da ake ƙerawa a Najeriya ta yi suna wajen inganci, daga Cutix da ke Nnewi, zuwa Coleman da Nigerchin a Kudu maso Yamma, zuwa NOCACO a nan Kaduna. Sunan nan nasu ne ma ya sa 'yan jabu ke kwaikwayon tambarinsu. Hukumar SON tana ba kayan da suka cika ƙa'ida shaidar MANCAP, amma tambari abu ne da ake iya bugawa, don haka a haɗa da saye a hannun dillalin da aka sani. Shawarata ga maigida ita ce ya je sayen waya da ƙafarsa tare da mai aikin. Idan ka ba da aikin a dunƙule, kaya da ladan hannu a kuɗi ɗaya, sannan ka matse farashin, to ka san daga ina za a fitar da ribar.

Masu tsaron layi

Waya mai kyau ma tana buƙatar abin da zai yanke wuta idan lodi ya wuce kima. Aikin fis da bireka ke nan. Fis guntuwar waya ce da aka yi ta siririya da gangan, domin ta riga wayar bango narkewa. Ka buɗe katawut a gidaje da shaguna da dama ka ga abin da ke ciki: fis ya ƙone sau biyu, an gaji, an murɗa silin jan ƙarfe huɗu ko biyar an cusa a gurbinsa, marfin ya yi baƙi da hayaƙi, farin tangaran ɗin ya tsage. Mai shagon zai ce maka tun da aka yi haka wuta ba ta ƙara yankewa ba. Gaskiya ya faɗa. Yanzu idan lodi ya yi yawa, wayar da ke cikin silin ce za ta narke.

Haka ake yi wa bireka. Tana yawan faɗuwa, sai a cire mai amfiya 20 a sa mai 63. Bireka ana zaɓenta ne daidai da wayar da take tsaro: 6 ko 10 ga layin fitilu, 20 ga layin soket mai waya 2.5. Faɗuwarta sanarwa ce cewa layin ya ɗauki abin da ya fi ƙarfinsa, maganin kuma shi ne a raba lodin ko a ja sabon layi.

Sai dai bireka dukiya take karewa, ba ta san mutum ba. Wutar da ke iya tsayar da zuciyar ɗan Adam ba ta kai kashi ɗaya cikin goma na amfiya ɗaya ba, kuma bireka mai 20 ko motsi ba za ta yi don wannan ba. Abin da ke kare rai wata na'ura ce da ake sawa a akwatin rarraba layi, za ka ga an rubuta RCD ko RCCB a jikinta, da lamba 30mA. Tana auna wutar da ta fita da wadda ta dawo. Idan suka saɓa, alamar wuta ta zurare ta jikin firji ko ta jikin yaron da ya taɓa shi da jiƙaƙƙen hannu, sai ta yanke kafin ƙiftawar ido. Kuɗinta bai kai na ƙofar ɗaki ɗaya ba, amma gidajen da ke da ita a unguwanninmu 'yan kaɗan ne.

Abokiyar aikinta ita ce wayar ƙasa, wadda masu sana'a ke kira atin, mai launin kore ko kore da rawaya. Ita ke haɗa jikin ƙarfen kowane kayan wuta da sandar jan ƙarfe da aka kafa a ƙasa, domin wutar da ta ɓalle ta sami hanyar da ba jikin mutum ba. Babban hujin saman soket nata ne. Ka kwance soket a gidaje da yawa, za ka tarar da gurbinta fayau. Inda aka kafa sandar ma, ƙasarmu ta Arewa bushewa take yi da rani, busasshen yashi kuwa ba ya karɓar wuta sosai. Shi ya sa ake zurfafa ramin, a nemi wuri mai danshi, a zuba gawayi da gishiri, duk da cewa gishirin na cin sandar a hankali, sai ana dubawa. Firjin da ke ɗan jan mutum idan ya taɓa shi ba takalmi, ba halinsa ba ne, kuma shimfiɗa katako a gabansa ba gyara ba ne.

Wayar da ke ɗauke da wuta ja ce a tsohon tsari, ruwan ƙasa a sabo. Mai mayarwa baƙa ce a tsoho, shuɗiya a sabo. Dole makunni ya zauna a kan mai ɗauke da wutar. Idan aka juya, ƙwai zai mutu idan an kashe, amma mazauninsa na nan da wuta, yana jiran wanda zai hau kujera ya canza shi.

Mafi yawan tartsatsi kuwa a mahaɗa yake farawa. Waya biyu da aka murɗa da hannu aka naɗe da leda, noti da bai ɗauru ba a bayan soket, tsirarar waya da aka cusa a huji aka tokare da tsinken ashana don filogi ya karye. Duk mahaɗar da ta yi sako-sako zafi take yi ko da lodin bai kai ya kawo ba, bireka kuma ba za ta sani ba. Soket da ya yi ɗumi, ko ya canza launi, ko ake jin ƙaurin roba kusa da shi, a kashe layinsa a ranar.

Wuta uku a gida ɗaya

Gidan Bature wuta ɗaya gare shi. Namu sau da yawa uku ce: ta kamfani, ta janareto, ta sola. Wannan ya sa aikinmu ya fi nasu wuyar sha'ani. Dole a sami makunnin sauya layi wanda ke raba su sarai, ta yadda biyu ba za su taɓa haɗuwa ba. Mai jona janareto kai tsaye a soket yana tura wuta baya zuwa falwaya, inda wataƙila wani ma'aikaci ke bisa tsani da yaƙinin layi a mace yake. Hayaƙin janareto kuma ya sha kashe iyali sukutum cikin barci, don haka wurinsa waje ne, nesa da taga.

Sola ta zo mana da sauƙi, ta kuma zo da wata sabuwar ganganci. Mutane na ganin batir mai bolt 12 ba abin tsoro ba ne. Amma ka koma kan lissafin nan: inbata mai ba da wat 1,000 daga batir mai bolt 12 tana jan amfiya sama da 80. Wayar soket ba za ta iya ba ko kusa. Tana son waya mai kauri sosai, gajeriya, da fis a kusa da kan batir.

Sai kuma babbar al'adarmu: an ɗauke wuta ana tsakiyar guga ko dafa ruwa, aka tashi aka bar abin a kunne. Ƙarfe biyun dare aka kawo ta, ba kowa a shago, ko kowa na barci. A ganina duk shago ya kamata ya sami makunni guda a bakin ƙofa mai kashe komai, a kashe shi tare da sa kwaɗo. Idan kuma aka kawo wuta ka ga wasu ƙwayaye sun yi haske fiye da kima wasu sun dushe, to alama ce wayar mayarwa ta tsinke a wani wuri, kuma ƙarfin wutar na iya tashi ya doshi bolt 400. A kashe babban makunni nan take. In har wuta ta kama, a fara yanke lantarki. Ba a watsa ruwa a kan waya mai rai, yashi ko tukunyar kashe gobara mai hoda ake amfani da su.

Haske

A nan ne kaɗai araha da inganci suka haɗu. Tsohon ƙwai mai zare, irin wanda Thomas Edison ya fito da shi a 1879, mafi yawan wutar da yake ci zafi take zama, haske ɗan kaɗan ne. Ƙwan LED mai wat 9 yana ba da hasken da tsohon mai wat 60 ke bayarwa, kimanin lumen 800, kuma lumen ɗin ne ma'aunin haske, shi ya kamata a duba a jikin kwali. Gida mai ƙwai goma da ke kunne awa shida kullum zai ci yunit 108 a wata da tsofaffin, yunit 16 da 'yan kai da sababbin. A farashin naira 225 kowane yunit da hukumar NERC ta yanka wa 'yan rukunin A a Afrilun 2024, wancan ya haura naira 24,000, wannan bai kai 4,000 ba.

Akwai kuma wata lamba mai harafin K a jikin kwalin. Mai 6500K fari ne tas, ya dace da kicin da shagon tela da wurin karatu. Mai 2700K ko 3000K yana da ɗan ja-ja, ya fi daɗi a ɗakin kwana, kuma bai kai farin tara ƙwari ba idan aka sa shi a tsakar gida da damina. Ƙwai ɗaya tal a tsakiyar silin, wanda shi ne abin da aka saba, yana jefa inuwar mutum a kan abin da yake yi. Yaron da ke bitar karatu da mai yanka albasa duk sun fi buƙatar haske a gabansu. Zafi ne ke kashe ƙwan LED da wuri, don haka kada a kulle shi a mazaunin da iska ba ta shiga. Fitilar waje da ta banɗaki kuma a sa musu mazauni mai hana ruwa.

Wa ke duba aikin?

Doka ba ta yi shiru ba. Hukumar NEMSA, wadda dokar 2015 ta kafa, ita ke da alhakin ba masu aikin wayarin shaidar ƙwarewa da duba aiki kafin a jona shi da layi. A aikace, mafi yawan gidajen unguwanninmu ba wanda ya taɓa gwada su da na'ura kafin a sa musu wuta. Muna da ƙwararru na gaske, waɗanda suka fito daga kwalejojin fasaha ko suka yi shekaru a hannun ubangida nagari, kuma su ne kullum ake kayarwa a ciniki, domin yaron da ya yi wata shida yana riƙe tsani ya sayi tasta da filaya ya ce zai yi a rabin kuɗin.

Kira na ga shugabannin kasuwanni shi ne su sa a bi layi-layi a duba wayarin kowane shago kafin iskar hunturu ta kankama, a cire duk jonin da aka rataya a kan rumfuna. Masu gidajen haya su sani ran ɗan haya amana ce a wuyansu. Kai kuma mai karatu, yau ka buɗe akwatin rarraba layin gidanka ka nemi na'urar nan mai lamba 30mA. Idan tana nan, danna maɓallin gwajin da ke jikinta, ya kamata wuta ta yanke nan take. Idan ba ta yanke ba, ko babu na'urar gaba ɗaya, ka kira ƙwararren mai wayarin a makon nan, ka kuma biya shi haƙƙinsa ba tare da ragi ba.